Mai Lambun Yamai da Ya Zo na Ƙarshe a Landan

 

'Yan uwana matasa, yau mun ɗan jingine darasin da muka saba, domin ina son mu tsaya a kan labarin wani bawan Allah ɗan Jamhuriyar Nijar mai suna Hamadou Djibo Issaka. Da yawanku ba ku taɓa jin sunansa ba, waɗanda suka ji kuwa galibi a matsayin abin dariya ya iso gare su. Shi ne mutumin da ya wakilci ƙasarsa a tseren kwale-kwale a gasar Olamfik ta Landan a shekarar 2012, ya kuma zo na 33 cikin mutum 33.

An haife shi a 1977, wato yana da shekara 35 lokacin gasar. Sana'arsa a birnin Yamai aikin lambu ce da kula da wurin ninƙaya, kuma a fagen wasanni da iyo aka san shi. Kwamitin Olamfik na duniya yana da wani tsari na ware 'yan kujeru ga ƙasashen da ba su da ƙarfin samun gurbi ta hanyar gasar share fage, don kada taron ya zama na masu hali kaɗai. Ta wannan ƙofa Nijar ta samu gurbi. Aka tura Issaka horo a Masar da Tunisiya, kuma duk abin da ya samu na koyon wannan wasa bai wuce kimanin wata 3 ba. A gida kuwa, da tsohon kwale-kwalen masunta ya riƙa gwadawa, saboda ƙasar ba ta da jirgin tsere irin wanda ake shiga gasar da shi.

Ya kamata mai karatu ya san yadda jirgin yake, domin a nan ne nauyin labarin yake. Tsawonsa kimanin mita 8 ne, nauyinsa kilo 14 kacal, faɗinsa kuma da ƙyar ya ɗauki mazaunin mutum guda, ta yadda ɗan karkacewa kaɗan ya isa ya kifar da shi. Matuƙin yana zaune ne a kan wata 'yar kujera mai zamewa gaba da baya, da filafili biyu a hannuwansa, ya juya wa inda ya nufa baya. Mafi yawan ƙarfin daga ƙafafu yake fitowa, hannu da gadon baya su ƙarasa. Nisan tseren mita 2,000 ne. Masu wannan wasa sukan fara shi tun suna samari, su shekara goma ko fiye suna ta maimaita bugu ɗaya safe da yamma. Irin waɗannan mutane aka jera mai lambunmu da su a tafkin Eton Dorney, daga ranar 28 ga Yuli, cikin watan Ramadan na 1433.

A zagayen farko ya yi minti 8 da daƙiƙa 25. A zagaye na biyu ya yi minti 8 da daƙiƙa 39, inda ɗan ƙasar Lituweniya da ya ci zagayen ya riga shi isowa da kusan daƙiƙa 100. Wanda ya ɗauki zinariyar gasar, Mahé Drysdale na ƙasar New Zealand, bai cika minti 7 ba a tseren ƙarshe. Sai a ce sauran jiragen duk sun iso, matuƙansu sun fara maida numfashi, shi kuwa yana can tsakiyar ruwa shi kaɗai, dubban 'yan kallo sun miƙe suna tafi suna kiran sunansa. Sau 4 ya shiga ruwan, kuma sau 4 ya kai ƙarshen layi. Jaridun Ingila suka yi masa laƙabi iri-iri, wasu suka kira shi karen ruwa, wasu suka kwatanta shi da Eric Moussambani na Ikwatoriyal Gini, wanda ya yi ninƙayar mita 100 shi kaɗai da ƙyar a Sidni a 2000.

Ba kowa ne ya tafa ba. Steve Redgrave, Baturen Ingila da ya ci zinariya a gasar Olamfik 5 a jere daga 1984 zuwa 2000, ya soki ba shi gurbin, yana mai cewa akwai matuƙan da suka fi shi ƙwarewa nesa ba kusa ba a wasu ƙasashe, waɗanda aka bari a gida. Masu shirya gasar suka amsa da cewa manufar ita ce wasan ya yaɗu zuwa inda ba a san shi ba.

A ganina maganar Redgrave tana da ƙamshin gaskiya, kuma bai dace mu yi watsi da ita don kawai wanda aka soka maƙwabcinmu ne ba. Wanda ya shekara goma yana wahala, aka ba wa ɗan wata 3 kujerar da yake hari, yana da hakkin ya ji ciwo. Sai dai ina ganin ya aza kayan a kan wanda bai dace ba. Issaka bai roƙi kowa ba. Ƙasarsa ce ta kira shi, ya amsa, ya shiga ruwa a gaban duniya yana sane da cewa shi ne zai zo na ƙarshe. Mutum nawa ne cikinmu zai yarda da haka? A ajin da nake koyarwa, akwai yaron da ya san rabin amsa amma ya gwammace ya yi shiru shekara guda da a ji ya yi tuntuɓe sau ɗaya, kuma a cikin manya ma masu irin wannan hali sun fi yawa. Don haka ni ban ga abin dariya a jikin Issaka ba.

Inda nake da ja shi ne abin da ya biyo baya. Hujjar masu ba da gurbin ita ce wasan zai kafu a Nijar, shi kansa Issaka ya bayyana burinsa na komawa gasar Rio a 2016. Da 2016 ta zo, babu ɗan Nijar ko ɗaya a tseren kwale-kwale. Tafin Landan ya tsaya a Landan. Hausawa sun ce ba a fafe gora ranar tafiya, amma hukumomin wasanninmu, a Nijar da Najeriya, sun mayar da fafe gora ranar tafiya al'ada. Alhali ita Nijar ɗin ta san amfanin shiri: Issaka Daboré ya kawo mata tagulla a dambe a Munich a 1972, Abdoul Razak Issoufou Alfaga kuma ya kawo azurfa a taikwando a Rio bayan shekaru na horo. Mu ma a nan, 'yar Najeriya ta farko da ta shiga wannan tsere a Olamfik, Chierika Ukogu, a Amurka aka haife ta, a can ta koya, kuma sai da ta nemi gudunmawar jama'a kafin ta isa Rio.

Wani zai ce, me ya haɗa ɗan Musawa, ƙasar dawa da masara da auduga, da tseren kwale-kwale? To ai ruwa bai yi mana nisa ba. Ga madatsar Zobe a ƙasar Dutsin-Ma, ga Mairuwa da Gwaigwaye a Funtuwa, ga kududdufai da ke cika duk damina a bayan gidajenmu. Ƙasar Hausa kuma ba baƙuwar jirgi ba ce: Sarkawa sun gaji tuƙi kaka da kakanni, ana tseren kwale-kwale a bikin kamun kifi na Argungu, ana yin Rigata a Yawuri. Gwanintar tana nan, mai tattara ta ya koyar da ita ne babu. Ana kuma jingina wa Sayyidina Umar, Allah Ya ƙara masa yarda, umarnin koya wa yara iyo, maganar da mukan faɗa a kan mumbari mu bar ta a nan.

Lambar zinariya ma ba ita ce babbar damuwata ba. Ranar 30 ga Nuwamba 2021, jirgi ya kife a madatsar Watari da ke Bagwai a Jihar Kano, aƙalla mutum 29 suka rasu, mafi yawansu yara ne 'yan Islamiyya da ke kan hanyar zuwa Mauludi. An yi wa jirgin lodin da ya fi ƙarfinsa. Allah Ya jiƙansu, Ya ba iyayensu haƙuri. Duk malamin Islamiyya da ya ji wannan labari, fuskokin ɗalibansa ya fara gani. Ajali ba ya wuce lokacinsa, wannan haka yake, amma an umarce mu da riƙo da sababi, kuma sababin a nan sananne ne: rigar kariya, ƙayyade lodi, matuƙi mai horo, da yaron da ya iya tsayawa a kan ruwa na 'yan mintuna kafin taimako ya zo.

Ƙungiyar kwale-kwale a bakin madatsa tana samar da waɗannan duka. Jirage biyu ko uku, rigunan kariya, masuntan wurin su zama malamai, a ware rana ta maza da rana ta mata, kowa da mai koyar da shi da suturar da ta dace. Kuɗinsa bai kai abin da ƙaramar hukuma ke kashewa a gasar ƙwallon ƙafa ta cin kofin shugabanta ba. Ku da kuke cikin ƙungiyoyin ɗalibai da na matasa a Musawa da Malumfashi da Funtuwa, wannan takarda ce da za ku iya rubutawa ku kai sakatariya kafin damina mai zuwa.