Ina Adon Ginin Kano Ya Tafi?

Duk wanda ya ratsa unguwar masana'antu ta Bompai a Nassarawa, ko ya zarce Sharaɗa da Challawa, abin da zai gani shi ne katangar bulo da rufin kwano iyakar ganinsa. Dukiya mai yawa ta shiga waɗannan gine-gine, amma da wuya ka sami bango ɗaya wanda zai shaida maka a ƙasar Hausa kake. Wannan al'amari ya kamata malaman makaranta da ma'aikatan ofis su dube shi da idon basira, domin ta hannunsu tarbiyyar yara da takardun izinin gini suke bi.

Mu ba baƙin adon gini ba ne. Gidan Makama yana nan tun zamanin Sarki Muhammadu Rumfa, wanda ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499. Masallacin Juma'a na Zariya, wanda Babban Gwani Muhammadu Durugu ya gina zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarimu, har yau masana gini na duniya suna zuwa kallon bakan gizonsa. Maginanmu sukan ta da bango da tubali, su yi rufi da azarar giginya, su tsai da zankwaye a kusurwa, sa'an nan tun yaɓe yana ɗanye su fitar da dagi da sauran zane a fuskar zaure. Don kare bango daga ruwa sukan shafe shi da makuba, wadda ake samu daga kwasfar ɗorawa, ko kuwa laso, watau haɗin katsin marina da gashin jima da dafara. Ashe kuwa marini da majemi da magini duk hannunsu yana cikin bango guda.

To, me ya kawo koma baya? Dalilin a fili yake. Ginin ƙasa yana son gyara kowace shekara bayan damina, mai gida kuwa ya gaji da biyan kuɗin yaɓe. Da siminti da kwano suka samu sai kowa ya koma musu, ba kuwa za mu ga laifinsa ba. An yi ƙoƙarin fitar da zane a kan siminti a shafa masa fenti, musamman a Zariya, inda har keke da jirgin sama suka shiga cikin zanen. Amma fenti yana koɗewa, gwanaye suna tsufa, 'ya'yansu kuma sun kama waɗansu sana'o'i. In aka yi sake, zanen zai bi masu shi kabari.

Maganin da muke gani shi ne a gasa zanen. Yumɓu in ya sha wuta sosai, ruwan sama ba ya narkar da shi. Mutanen Italiya suna kiransa terra cotta, ma'anarsa gasasshiyar ƙasa. Turawan Ingila sun riƙe shi ƙwarai a ƙarni na 19, domin hayaƙin kwal yana cin dutse amma ba ya yi wa gasasshen yumɓu ɓarna sosai. Babban gidan ajiye kayan tarihin halitta na Landan, wanda aka buɗe a 1881, da shi aka lulluɓe shi, da siffofin dabbobi da tsirrai. A Amurka kuwa, bayan gobarar da ta cinye birnin Cikago a 1871, sai aka ƙara rungumarsa don ba ya cin wuta, har aka yi wa dogon benen Woolworth na Niyok riga da shi a 1913. Asirin arharsa shi ne, gwani yakan sassaƙa zane sau ɗaya a yi masa mazubi, daga nan sai a yi ta danna yumɓu ana fitar da ɗaruruwa iri ɗaya.

Kada wani ya ce wannan aikin Turawa ne kaɗai. Gumakan yumɓu da aka tono a Nok, a kudancin Kaduna, sun haura shekara 2,000 a ƙasa. A Barno an gina fadar Birnin Gazargamu da jan bulo gasasshe. Indararon ƙasa da maginan tukwane suke gasawa don zubar da ruwa daga soro, shi ma wannan sana'a ce. Kuma gwamnati ta taɓa gwadawa ta ga amfani: makarantar ginin tukwane ta Abuja, garin da yanzu ake kira Suleja, ita ce ta karɓi Ladi Kwali a 1954, ga hotonta nan a takardar naira 20.

Mun san za a ce abin yana da tsada, gashi kuma yana cin makamashi, ga itace ya yi ƙaranci. Gaskiya ne. Amma ba mu ce a lulluɓe masana'anta duka ba, ƙofar shiga da fuskar ofis sun isa, murhun zamani kuwa da gas ko lantarki yake aiki. Sai dai a kula da ɗauri, gama a Amurka an ga inda ruwa ya shiga, ƙarfen da ya riƙe yumɓun ya yi tsatsa, ado ya tsage ya faɗo. Haka kuma tsofaffin gine-ginen ƙasa a bar su da ƙasarsu da makubarsu, gasasshen ado na bangon bulo ne.

Ga shawararmu. Da fari, kwalejojin horon malamai su tura ɗalibansu cikin birni su zana kowane ado a takarda, su tambayi magina sunansa da yadda ake fitar da shi, tun masu sani suna raye. Na biyu, makarantun sana'a su haɗa ɗan magini da mai ginin tukwane a aji ɗaya, a kuma biya gwanaye hakkin zanensu. Wannan ba baƙon abu ba ne a Nassarawa, domin makarantar da Ɗan Hausa ya buɗe a nan a 1909 tana da sashen koyon sana'a, gidansa mai zankwaye kuwa yana tsaye har yanzu. Na uku, hukuma ta fara da kanta. Duk makaranta ko asibiti ko ofis da za a gina, a sa sharaɗin adon gida a ƙofarsa. In ciniki ya tabbata, masu masana'antu a Bompai da Sharaɗa da Challawa ba sai an roƙe su ba.

Masu iya magana sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Yaron da ya tashi bai taɓa ganin dagi a bangon makarantarsu ba, ba zai nemi mai zana shi ba ran da ya tashi gina nasa gidan. Allah ya sa shugabanni su duba, amin.