Haɗarin Keke: Wa Ke Rubuta Raunin Da Ya Saura?

Ranar 1 ga Oktoba 2015 asibitocin Amurka suka ajiye tsohon tsarin lambobin da suke rubuta cututtuka da shi, suka ɗauki sabo mai lambobi wajen dubu 70. Jaridun can suka samu abin dariya, gama sun tono cewa akwai lambar mutumin da agwagwa ta buge, akwai kuma ta wanda injin jirgin sama ya zuƙe. A cikin wannan tari akwai wata lamba, V13.5XXS. Ma'anarta ita ce: wanda aka goya a keke, mota ta buge su a kan titi, ga shi yanzu ya dawo asibiti da abin da raunin ya bar masa. 'Yan'uwa, wannan kam ba ta ba ni dariya ba. Wane ne a cikinmu bai san wani yaro ko wata mata da irin wannan ya same su ba?

Littafin lambobin nan ya daɗe. Wani Bafaranshe mai suna Jacques Bertillon ne ya tsara jerin abubuwan da ke kashe mutane, aka karɓe shi a 1893. A 1948 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ɗauki aikin, aka ƙara da cututtuka da raunukan da ba su kai ga mutuwa ba. Ana kiransa ICD a taƙaice. An amince da bugu na 10 a 1990, kuma shi ne Amurkawa suka faɗaɗa suka mai da nasu. Manufar ita ce likitan Jos da na Landan su rubuta ciwo guda da lamba guda, domin in an zo ƙidaya kada a haɗa doya da rogo.

Bari mu warware lambar. Daga V10 zuwa V19 duk na masu keke ne. V12 karo da babur ko mai ƙafa uku, V13 karo da ƙaramar mota ko a-kori-kura, V14 karo da babbar mota ko bas, V18 kuma faɗuwa ba tare da an yi karo da kome ba. Bayan ɗigo, 4 na nufin mai tuƙa keken a kan titi, 5 na nufin wanda aka goya. Haruffan X biyun cike gurbi kawai suke yi. Harafin ƙarshe shi ne zancenmu na yau. A na nufin ana cikin maganin raunin. D na nufin rauni yana warkewa, mutum yana dawowa a duba shi ko a cire masa ɗauri. S kuwa na nufin rauni ya warke, amma ya bar baya da ƙura.

A ce yarinya 'yar shekara shida, wanta ya goya ta za su makaranta, mota ta kwashe su. Ƙashin ƙafarta ya karye daidai wurin da ƙashin yaro yake girma. An ɗora, ya kama, kowa ya yi murna. Bayan shekara biyar sai aka ga ƙafa ɗaya ta fi ɗaya tsawo, tana ɗingishi, ƙugu yana ciwo. A tsarin Amurka, likita zai fara rubuta lambar abin da ya kawo ta yau, wato gajartar ƙafa. Sai lambar karayar farko da harafin S. Sai ta uku, mai faɗin yadda abin ya faru, ita ma da S. Dokar tsarin ta ce babu iyakar lokaci. Ko bayan shekara ashirin ne, S na nan yana jira. Haka za a yi wa wanda ya bugu a kai, daga baya farfaɗiya ta kama shi, wadda a garuruwanmu sau da yawa ake ɗora wa iska ko sammu, alhali asalinta tsohon rauni ne.

Asalin bugu na 10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda ƙasashe da yawa suka yi aiki da shi yadda yake, bai kai nan ba. Yana da wurin raunin da ya saura, yana kuma lissafa abin da yake nan bayan shekara guda ko fiye. Amma wajen sanadi sai ya tara kowa a lamba Y85, wato abin da haɗarin sufuri ya bari. A nan yarinyarmu ta ɓace cikin direbobin tanka da fasinjojin bas. Ba a ƙara sanin keke ne, balle a san goya ta aka yi. An amince da bugu na 11 a 2019, ya fara aiki ranar 1 ga Janairu 2022, ƙasashe kuma suna komawa kansa sannu a hankali, kowace da nata saurin.

To, me ya sa za mu damu da aikin akawun asibiti? Rahoton da Hukumar ta fitar a Disamba 2023 ya ce mutum miliyan 1.19 suka mutu a haɗarin hanya a 2021. Waɗanda suke jin rauni ba su mutu ba kuwa, ta ce tsakanin miliyan 20 ne zuwa 50 a shekara. Dubi tazarar nan. Matattu an kusa sanin adadinsu, amma masu rai sai kintace, da bambancin miliyan 30. Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa burin rage mutuwa da rauni a hanya da rabi tsakanin 2021 da 2030. Ta yaya za a san an rage rabin abin da ba a ƙidaya ba?

A Nijeriya, hukumar kiyaye haɗurra da aka kafa a 1988 tana bayyana yawan haɗurra, da waɗanda suka mutu, da waɗanda suka ji rauni. Wannan lissafin ranar haɗari ne, kuma na haɗarin da labarinsa ya kai gare ta. Yaron da aka ɗora a kariyar keke ba takalmi, diddigensa ya shiga wayoyin ƙafar baya a hanyar gona, aka kai shi wurin mai ɗori, ba zai shiga wannan lissafi ba. Irin wannan rauni yakan yi kamar ƙarami a ranar farko, sai bayan kwana biyu ko uku fatar ta mutu, wani lokaci har da karaya a ciki. A yawon gaishe da marasa lafiya na sha neman katin asibiti a gidajen da ake da mai ɗingishi. In an same shi, abin da ke rubuce bai wuce ciwon ƙafa da sunan magani ba. Galibi ma sai a ce gara ta ci.

Kada mu ɗauka Amurka ta gama gyara nata. Dokar tsarinsu ta faɗa a fili cewa babu tilas na ƙasa baki ɗaya a rubuta lambar sanadin rauni, sai in jiha ko kamfanin inshora ya bukata. Likitocinsu kuma suna kuka, da gaskiyarsu, cewa cike takardu yana cin lokacin duba marar lafiya. A can kuɗi ne yake tura lambobin nan, domin kamfanin inshora ba ya biya sai ya ga lambar ciwo. Lamba ba ta miƙe ƙafar kowa ba. Amfaninta shi ne ta hana a raba ɗingishin yau da haɗarin jiya.

Mu ma muna tafiya wajen mulkin takarda. A 2022 aka sa hannu a dokar da ta wajabta inshorar lafiya ga 'yan Nijeriya. A Janairu 2019 aka sa hannu a dokar hana nuna bambanci ga naƙasassu. Doka kuma ta daɗe da tilasta wa mai mota ya yi inshorar da za ta biya wanda ya buge. Duk wanda zai nemi hakkinsa ta waɗannan ƙofofi, abin da za a fara tambayarsa shi ne rahoton likita. Mahaifin da ya ce wa malamin asibiti “ta faɗi ne” domin kada a tsawata wa wanta, ko domin mai motar ɗan unguwa ne an sasanta a gida, ya rufe wa 'yarsa ƙofar da za ta bukata bayan shekara goma. A faɗi gaskiya a rubuta: keke ne, goya ta aka yi, mota ce ta buge su, a kan titi, ran kaza. A adana katin tare da takardar haihuwa.

Asibitocin mishan da ƙananan ɗakunan shan magani na ekklesiyoyinmu ba sai sun jira kwamfuta ko lambobi dubu 70 ba. Babban littafin rajista yana da fili. A ja layi biyu da rula, ɗaya a rubuta yadda raunin ya faru da ko mutumin tuƙi yake ko goyo, ɗayan kuma a rubuta ko sabon rauni ne ko tsoho ne ya dawo.