Kusurwar Kwamfuta: A Ina Manhajarka Take Tsaye?

'Yan uwa ɗalibai, sau da yawa mai koyon Java kan rubuta manhaja daidai a VS Code, ya kunna ta, sai ta ce ba ta ga fayil ba, alhali yana nan. Kafin ka goge wahalarka, duba abu biyu.

Na farko, foldar aiki, wato inda manhajar take tsaye yayin da take gudana. Idan ka rubuta "maki.txt" kawai, a can za ta nema. Sa ta buga System.getProperty("user.dir") ka ga wurin. Ana canza shi a layin cwd cikin fayil ɗin launch.json.

Na biyu, jerin wuraren da Java ke neman fayilolin .class da .jar, wanda ake ba ta da -cp. Da zarar ka ba da jerin, za ta daina duba foldar aiki, sai ka saka ɗigo a ciki:

java -cp ".;lib/*" Main

Windows na raba wurare da ; ne. Shi kuwa Linux da : yake yi.

Aikin wannan mako: mayar da maki.txt wata folda, ka gyara cwd har manhajar ta gan shi.