Lissafin Cacar Doki: Tun Kafin Dawaki Su Tashi An Cire Rabon Mai Caca

Muna gaida 'yan'uwa na Damazin da Rusairis da Sinja da Maiwurno da ƙauyukan Jazira, da kuma waɗanda yaƙi ya watsa zuwa wasu garuruwa. Allah Ya mayar da kowa gidansa lafiya, amin.

A wannan wata alƙalami da takarda za mu ɗauka mu yi lissafi, wato lissafin cacar tseren doki. Wani zai ce, ina ruwan mai noman ridi da dawa da wannan magana? To, a da kam babu ruwanmu. Amma yau wayar hannu ta shiga aljihun kowane saurayi, kuɗi kuma sun koma tafiya ta waya. Yaron da ke zaune ba aikin yi yana iya zuba kuɗi a kan dokin da ke gudu a Faransa ko Ingila, alhali iyayensa na tsakar gida ba su san wainar da ake toyawa ba. Malamanmu sun yi wa'azi a kan haramcin caca, kuma sun bambance ta da kyautar da ake ba mahayin da ya zo na ɗaya. Mu namu shi ne mu nuna wa matasa yadda ake ƙidaya kuɗin, domin wanda ya iya lissafin abu da wuya a cuce shi a kansa.

Sukuwa ba baƙuwarmu ba ce. Kano na da filin sukuwa tun zamanin Turawa, mutanen Darfur sun shahara da tseren dawaki a Nyala, Khartum ma an daɗe ana sukuwa a filinta kafin yaƙin da ya ɓarke a watan Afrilu na 2023. Dattawanmu kuma ba su manta da Toto Kora ba, cacar ƙwallon nan da aka yi a ƙasar nan a shekarun 1970 kafin a soke ta. Dokokin 1983 da dokar laifuffuka ta 1991 duk sun hana caca a Sudan. A jihar Kano ma hukumar Hisba ta rufe shagunan caca a 2024. A Nijar kuwa, hukumar caca ta ƙasa da ake kira Lonani ita ce ta buɗe rumfuna a garuruwa irin su Yamai da Maraɗi da Damagaram, inda ake sayen tikiti a kan tseren da ake yi a Faransa. Ko a rumfa ko a waya, hanyoyin biyan kuɗin guda biyu ne. Bari mu ɗauke su ɗaya bayan ɗaya.

Hanya ta farko: farashi yankakke

A wannan hanya mai caca ne ke yanka wa kowane doki farashi tun kafin a tashi. Turawan Ingila suna rubuta shi kamar haka: 5/1, wato biyar a kan ɗaya. Ma'anarsa, duk fam ɗaya da mutum ya zuba zai ci ribar fam biyar idan dokinsa ya zo na ɗaya. Wanda ya zuba fam 1,000 zai karɓi ribar 5,000 tare da uwar kuɗinsa, jimla 6,000. Idan aka rubuta 5/2, sai a raba biyar gida biyu, ribar 1,000 ta zama 2,500, jimla 3,500. A waya galibi lamba ɗaya ake rubutawa, 6.00 ko 3.50, wadda ta riga ta haɗa da uwar kuɗi. Sai dai kawai mutum ya ninka abin da ya zuba da wannan lamba. Idan dokin ya faɗi kuwa, babu lissafin da za a yi, kuɗi sun tafi.

Wannan shi ne ɓangaren da ake nuna wa mai zubi. Ga ɓangaren da ba a nuna masa. Mu ɗauka dawaki huɗu ne za su yi tsere. An ba Akawal 2.00, Kili 3.00, Bidi 5.00, Gunya 6.00. Jama'a suka zuba fam 30,000 a kan Akawal, 20,000 a kan Kili, 12,000 a kan Bidi, 10,000 a kan Gunya. Abin da ya shiga hannun mai caca ke nan fam 72,000. To, mai karatu ya ninka da kansa ya gani. Idan Akawal ya ci, 30,000 sau biyu, 60,000 za a biya. Idan Kili ne, 20,000 sau uku, 60,000. Idan Bidi ne, 12,000 sau biyar, 60,000. Idan Gunya ne, 10,000 sau shida, 60,000 dai. Kowane doki ya ci, mai caca ya soke 12,000 a aljihu, wato kashi ɗaya cikin shida na kuɗin jama'a. Shi bai damu da wane doki zai zo na ɗaya ba, aikinsa shi ne ya riƙa matsa farashi sama da ƙasa har zubin ya daidaita.

Akwai hanya mai sauƙi ta gane wannan rabo nasa. A raba 100 da farashin kowane doki, sa'an nan a haɗa. A misalinmu za a sami 50 da 33 da 20 da 17, jimla 120. Da cinikin adalci ne, da 100 cif za a samu. Duk abin da ya hau kan 100, daga aljihun masu zubi zai fito.

Hanya ta biyu: tukunya ɗaya

Wannan ita ce hanyar Faransa, wadda wani mutum mai suna Joseph Oller ya ƙirƙiro a birnin Paris a shekarun 1860. A 1891 dokar Faransa ta mayar da ita hanya ɗaya tilo da aka yarda da ita a filayen sukuwa, a 1930 kuma aka ba da izinin karɓar zubi a wajen fili, abin da ya haifar da kamfanin PMU. A nan ba a yanka farashi. Ana tara kuɗin kowa a tukunya ɗaya, mai tukunya ya fara ɗibar nasa da na haraji, sa'an nan a raba sauran ga waɗanda suka dace. A Faransa abin da ke komawa ga masu zubi bai wuce wajen kashi uku cikin huɗu ba.

Mu ce an tara fam 1,000,000. An cire kashi 25 cikin 100, wato 250,000, saura 750,000. Idan kuɗin da aka zuba a kan dokin da ya ci sun kai 300,000, sai a raba 750,000 da 300,000, kowane fam ya sami biyu da rabi. Mai 1,000 zai karɓi 2,500, ribarsa 1,500. Idan kuwa 50,000 kaɗai aka zuba a kansa, kowane fam zai sami 15, mai 1,000 ya tashi da 15,000. Ke nan mutum ba zai san abin da zai karɓa ba sai an rufe karɓar kuɗi, kuma abin da ya ci kuɗin 'yan'uwansa masu zubi ne, ba na kamfani ba.

A nan ne za mu gane wayon masu sayar da “sirrin” dokin da zai ci. Idan maganarsu gaskiya ce, kowa ya bi ta, masu rabo sun yi yawa, abin da kowa zai samu ya zama ɗan kaɗan. Idan ƙarya ce, an yi asara biyu, ta tikiti da ta kuɗin sirri. Kuma dai wanda ya san dokin da zai ci gobe, me zai sa ya tsaya sayar da labarin a kan 'yan kuɗi ƙalilan?

Babbar kyauta da ake kwaɗaitarwa

Abin da ya fi jan mutane shi ne tikitin da ake cewa da 'yan kuɗi kaɗan za a ci miliyoyi. A 1954 André Carrus ya fito da wanda ake kira tiyarse, inda mutum zai faɗi dawaki uku na farko. A 1976 aka ƙara na dawaki huɗu, a 1989 aka kawo na biyar, wanda ake kira kente.

To, mu ƙidaya. Idan dawaki 16 ne a fili, na ɗaya zai iya zama kowane cikin 16, na biyu kowane cikin 15 da suka rage, na uku kowane cikin 14. A ninka 16 da 15 da 14, za a sami 3,360. Hanyoyi 3,360 ke nan da ukun farko za su iya jeruwa, tikiti ɗaya kuwa hanya ɗaya ya riƙe. Ga na dawaki biyar sai a ƙara ninkawa da 13 da 12, a sami 524,160. Wanda ke sayen tikiti ɗaya kullum, sai ya yi shekara fiye da 1,400 kafin ya sayi tikiti masu wannan yawa. Gaskiya ne dawaki ba ƙarfinsu ɗaya ba, wasu sun fi wasu gudu. Amma wannan kowa ya san shi, shi ya sa ranar da fitattun dawaki suka zo gaba masu rabo kan yi yawa, kyautar ta ƙanƙance.

Haka nan tikitin haɗi, inda ake ɗaura tsere huɗu a takarda ɗaya, sai duk sun ci a biya. Farashin na ninkuwa, ido ya ga lamba mai girma, amma rabon mai caca shi ma yana ninkuwa. Idan a kowane tsere kashi biyar cikin shida ke komawa ga jama'a, a tsere huɗu haɗe abin da ke komawa bai kai rabi ba, kashi 48 ne cikin 100.

Yadda jari ke narkewa

Masu zubi da yawa kan ce, ai muna ci wani lokaci. Haka ne, kuma wannan cin shi ne ƙugiyar. Wanda ya ci ba ya tafiya gida da kuɗin, mayarwa yake yi. Mu ɗauki samarin unguwa guda da suka shiga da fam 100,000 a tsakaninsu, ana cire kashi 25 a kowane zagaye. Bisa matsakaicin lissafi, bayan zagayen farko 75,000 ke hannunsu, na biyu 56,250, na uku wajen 42,000, na huɗu wajen 31,600, na biyar wajen 23,700. Kafin zagaye na goma ya ƙare abin da ya rage bai kai 6,000 ba. Babu wanda ya yi musu fashi, kuma a kowane zagaye akwai wanda ya yi murna a cikinsu, amma kuɗin unguwar sun bar unguwa.

Akwai kuma masu dabarar ninka zubi bayan kowace faɗuwa don su fanshe. Wanda ya fara da 1,000, ya koma 2,000, ya koma 4,000, idan ya faɗi sau goma a jere ya zubar da 1,023,000. Zubi na gaba kuwa 1,024,000 yake bukata, duk don ya fita da ribar 1,000 idan farashin 2.00 ne. Garin neman gira a rasa ido ke nan.

Mu gwada da abin da muka sani

Mu mutane ne da suka san rabo. Kakanninmu da suka yi aikin auduga a Jazira bayan an gama madatsar ruwa ta Sinnar a 1925 sun san cewa mai hawasha kashi 40 cikin 100 yake samu, sauran na gwamnati da kamfani ne. An yi ta ƙorafi a kan wannan rabo, amma ko ba komai masu ɗibar sun kawo ruwa, gona kuma ta fitar da auduga. Wanda ke noman raba-daidai shi ma ya san buhunan da zai kai gida gumi ne ya haife su. Tukunyar caca kuwa ba ta haifar da ko ƙwayar dawa ɗaya. Abin da aka zuba shi ake rabawa, bayan an rage.

Sai mu dubi adashin da iyayenmu mata ke yi, wanda maƙwabtanmu ke kira sanduƙ. Mutum goma, kowa na zuba 10,000, duk wanda kwasa ta zo kansa ya ɗauki 100,000. Bayan zagaye goma kowa ya karɓi daidai abin da ya zuba, kuma ya karɓe shi a dunƙule, ya sayi akuya ko taru ko irin shuka. Tukunya ce ita ma, amma ba ta yoyo, kuma babu wanda ke komawa gida hannu rabbana. Saurayin da ke neman kuɗi a dunƙule don jari ko aure, ga hanya nan tun ta kaka da kakanni.

Kiranmu ga iyaye da yayye shi ne, idan aka ga yaro ya shiga wannan harka, kada a tsaya ga faɗa kaɗai. A zaunar da shi, a ba shi takarda, a ce ya rubuta duk abin da ya zuba da duk abin da ya karɓa cikin wata uku, ya haɗa da hannunsa. Mai caca kan tuna ranar da ya ci, ya manta kwana ashirin da aka cinye shi, amma takarda ba ta mantuwa. Malaman makarantunmu su ma za su iya sa misalin dawakin nan huɗu a darasin lissafi, yara su gano 12,000 ɗin da kansu. Kuɗin da ɗan'uwa ya aiko daga Saudiyya ko Libiya don a sayi hatsi da magani, a wannan hali da muke ciki, amana ce, ba abin gwada sa'a ba.

Hausawa sun ce kwaɗayi mabuɗin wahala, kuma in kunne ya ji, jiki ya tsira. Wanda ke da tambaya ko ƙarin bayani a kan wannan lissafi, ƙofar filin nan a buɗe take, sai ya rubuto mana. Allah Ya ba mu halal mai albarka, Ya zaunar da ƙasarmu lafiya. Sai mun sake saduwa a fitowa ta gaba, in Allah Ya kai mu.