Ɗaukaka ƙara ba ajiya ba ce

Duk wanda ya ɗaukaka ƙara kan gona, gado ko bashi, sannan ya tafi ci-rani Aljeriya ko Abijan bai bar wakili ba, yana wasa da haƙƙinsa. In aka yi ta kiran shari'a ba shi ba labarinsa, kotun ɗaukaka ƙara, ta Yamai ce, ta Damagaram ko ta Tawa, na iya korar ƙarar, hukuncin farko ya zauna daram.

Kotu na da hujja, domin wasu don ja wa abokin shari'a rai kawai suke ɗaukakawa. Amma kafin kora, wajibi ne a tabbatar sammaci ya isa. Matafiyi kuwa ya ɗauki lauya, ya bar adireshi wurin magatakardan kotu kafin ya hau mota.