RANAR WANKA BA A ƁOYON CIBI

'Yan'uwana ɗalibai da iyayenmu, wa zai manta da daminar 2020? A shekarar nan ruwa ya cika fadama tun daga Argungu har Kalgo da Bunza, ya shanye shinkafar da manoma suka ci bashi suka shuka. Mu ma mutanen Gwandu da ke tudu mun ji a jikinmu, domin kwanon shinkafa ya yi tsada a kasuwa.

Duk lokacin da irin wannan masifa ta auku, sai mu ji a rediyo an ce hukumar NEMA da takwararta ta jiha sun raba kayan agaji. Madalla. Amma buhu nawa aka kawo? Ƙauyuka nawa suka samu? Wa ya rubuta sunayen? A ganina talaka yana da hakkin ya sani, domin da dukiyar jama'a aka sayo kayan.

Ku tuna abin da ya faru a watan Oktoba na 2020, da jama'a suka fasa rumbunan gwamnati a Legas da Jos, suka tarar da tulin abincin tallafin korona a ajiye. Wawashe kaya laifi ne, amma da an bayyana lissafi tun farko, da zargi bai kai haka ba.

Ga amfanin ɗan jarida mai cin gashin kansa. Shi ne zai shiga kwalekwale ya je ƙauye, ya tambayi tsohuwa ko tabarma da gero sun iso hannunta. A 1984, ƙarƙashin dokar soja ta 4, an ɗaure Tunde Thompson da Nduka Irabor na jaridar Guardian saboda labarin da suka buga. Yau kuwa, dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba kowa ikon neman takardun hukuma a rubuce, a amsa masa cikin kwana 7.

Ina ba da shawara a riƙa manna lissafin agaji a ƙofar sakatariyar ƙaramar hukuma da ƙofar hakimi. Wanda ya riƙe amana ba ya tsoron wannan.

Mu ɗalibai, da mun cika shekara 18 za mu yanki katin zaɓe. Wanda bai san yadda aka raba gero ba, da wane ma'auni zai auna mai neman ƙuri'arsa? Allah ya ba mu shugabanni masu gaskiya, amin.