Wa Zai Tambayi Jinin Kurtu?

'Yan'uwana ɗalibai, da ku samari ma'aikatan gwamnati, ina da wata tambaya da ta daɗe tana ci mini tuwo a ƙwarya. Idan aka wayi gari aka tsinci gawar soja a cikin bariki, ba a fagen fama ba, ba kuma a kan gadon asibiti ba, wa doka ta ɗora wa nauyin gano abin da ya kashe shi? Mutane da yawa za su ce ai soja na soja ne, a bar wa shugabanninsa. Ni kuwa na ce wannan amsa ita ce tushen zalunci, kuma ga dalilina.

Mu duba abin da ya faru a barikin Deepcut da ke lardin Surrey a ƙasar Ingila, inda a wancan lokacin ake horar da kurata. Tsakanin 1995 da 2002 matasa huɗu suka mutu a can, duk da harbin bindiga. A watan Yuni na 1995 aka sami Sean Benton, ɗan shekara 20, da harsashi biyar a ƙirji. A watan Nuwamba na shekarar aka sami Cheryl James, 'yar shekara 18, da harsashi a ka. A 2001 Geoff Gray, ɗan shekara 17, harsashi biyu a ka. A 2002 James Collinson, shi ma ɗan shekara 17.

To, me aka yi? A mutuwar farko-farko 'yan sandan farar hula suka ja da baya, suka bar ragamar bincike a hannun 'yan sandan soja. Tun ba a je ko'ina ba aka ɗauka cewa yaran nan su suka kashe kansu, aka yi sakaci da shaidun da ya kamata a adana. Zaman farko da alƙalin binciken mutuwa ya yi kan Cheryl James bai kai awa ɗaya ba. Ran mutum ke nan, awa ɗaya! Iyayen suka ƙi yarda, suka yi ta fafutuka shekara da shekaru. A 2006 lauya Nicholas Blake ya fitar da rahoton da ya nuna akwai cin zali da rashin kula a barikin. A 2014 Babbar Kotu ta soke hukuncin farko kan Cheryl, a 2015 aka tono gawarta, a 2016 aka sake zama. Watau sai bayan shekara ashirin da ɗoriya iyayenta suka sami binciken da ya kamata a yi tun makon farko.

Kada wani ya ce na ɓoye gaskiya: sabbin zaman da aka yi kan Cheryl a 2016, da Benton a 2018, da Gray a 2019, duk sun yanke cewa su suka kashe kansu. To, ashe soja sun yi gaskiya ke nan? A'a. Na farko, zaman Benton ya tabbatar da cewa an ci zalinsa a barikin, abin da binciken farko bai fito da shi fili ba. Na biyu, gaskiyar da aka ɓata shaidarta tun farko ba ta kwantar da hankalin kowa, ko da daga baya an same ta. Wanda ya ba yaro bindiga mai harsashi, ya tsayar da shi gadi shi kaɗai, shi ne kuma zai zauna ya auna ko ya yi laifi? Wannan ai ba wa kura ajiyar nama ne.

Masu kare wannan tsari suna da hujja biyu. Suna cewa aikin soja na da asiri, farar hula ba za su fahimta ba. Wane asirin ƙasa ne ke cikin gawar kurtu a bakin ƙofar bariki? In akwai takardar da bai kamata a baza ba, alƙali ya san yadda zai duba ta a keɓe. Suna kuma cewa tonon silili yana karya ladabin soja. Ni dai a ganina abin da ke karya zuciyar soja shi ne ya san cewa in ya mutu, wasiƙa mai layi uku kawai za a aika wa uwarsa. Mutum ba ya tuɓe haƙƙinsa na rai ranar da ya sa kaki. Kotun kare haƙƙin ɗan Adam ta Turai ta daɗe da bayyana cewa haƙƙin rai ya haɗa da wajibcin yin bincike na gaske, wanda masu yinsa ba sa ƙarƙashin waɗanda ake zargi.

Ina ruwanmu da Ingila? Ruwanmu kuwa da tsaki. Daga wajensu muka gaji ofishin alƙalin binciken mutuwa, har Jihar Legas ta sabunta dokarta a 2007. Sashe na 33 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba kowane mutum haƙƙin rai, bai ce ban da soja ba. Dokar Sojojin Nijeriya ta ba hukuma damar kafa kwamitin bincike na cikin gida, kuma wannan yana da amfaninsa wajen gyaran aiki. Amma kwamitin hafsoshi ba kotu ba ne, bai kuwa kamata ya maye gurbinta ba. In ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Saboda haka ga abin da nake kira a yi. Duk sojan da ya mutu mutuwar da ba a san sanadinta ba, 'yan sandan farar hula su karɓi wurin tun sa'ar farko. Likitan da ba ya ƙarƙashin rundunar ya duba gawar. Alƙali ya zauna a bainar jama'a, iyaye su zo da lauyansu su yi tambaya, a kuma ba su rahoton a hannu.

Ku da ke karanta wannan, a cikinku akwai alƙalan gobe, da likitoci, da manyan sakatarori. Wata rana fayil irin wannan zai zo teburinku, wani babba ya ce ku rufe shi. Ranar nan ku tuna cewa kurtun nan ɗan wani talaka ne, wataƙila ma ƙanenku ne da ya rasa kuɗin makaranta ya tafi soja.